Kalmar da Aka Soka wa Takobi

A bakin babbar kasuwa, gefen masu gyaran rediyo,
Nomau ya baza tsofaffin littattafai kan buhun siminti.
Cikinsu akwai ƙamus na Ingilishi, gara ta cinye bangonsa,
ya shigo ta Jibiya cikin takardun ƙunshe tsire.
Jika guda ya ce. Na taya dala ɗari da hamsin, ya sallama.

Shekara talatin na yi ina koyar da harshen nan a lakwal,
ina ji na san gidansa har ƙuryar ɗaki.
Sai ga ta a shafin da ruwa ya taɓa jiƙawa,
harufa shida, an soka mata ɗan takobi a gefe,
wai ta mutu, ko tana gargara.
Sikiraik. Haka bakina ya iya,
ya cusa mata wasula kamar mai saka tsakuwa ƙarƙashin tukunya
don ta zauna.

Ma'anarta ƙara mai tsini,
irin ta tsuntsun da aka kama,
ko ta yaron da ya farka bai ga uwarsa ba.
An ce tsofaffi a wasu ƙauyukan can sun riƙe ta,
mutanen birni suka bar musu.

Na zauna gindin bedi ina neman 'yar'uwarta a Hausa.
Na ce ihu. Ihu na kiran jama'a ne, a fito da sanda.
Na ce kururuwa, ta yi tsawo, tana ƙetare katanga.
Kuwwa sai dutse ya maido maka.
Kwarmato akwai tonon asiri a ciki,
ƙaraji na ƙato ne,
tsuwa kuwa ta yi ƙanƙanta, ta ɗan tsako ce.
Babu wadda ta shiga daidai.
Kowace da wurin da take matse ni, kamar takalmin aro.

Nan Tsahara ta faɗo mini, kakata ta wajen uwa.
Ita ta ga daren da gulbi ya shiga tsohon gari,
kafin a hau tudu a sake kafa gidaje.
Tana da kalma guda don ƙarar da maƙwabciyarta ta yi
lokacin da rumbu ya kife, ruwa ya tafi da geron shekara.
In ta zo kanta sai ta ajiye mazari,
ta faɗe ta a hankali, ta tofar da yawu.
Na ji ta ya fi a ƙirga. Ina yaro, hankalina na kan ƙuli-ƙuli.

Yau na nema, babu.
Na tambayi Ɗan Baƙo mai awon gyaɗa, ya girme ni da goma,
ya ce, "Mushe, yunwa ce ke damunka ko karatu?"
Na je Mokoyo wurin gwaggo Kande,
ta buɗe baki, ta rufe,
ta ce tana kan harshenta, in dawo jibi.
Jibi ya zo, ta ce wace kalma?

Ta Turawa ko ta mutu tana da kabari,
da lambar shafi, da takobinta a gefe,
har baƙo irina ya zo ziyara.
Ta Tsahara an binne ta tare da mai ita,
ba a kafa ko fasasshen tulu ba.

Jiya da la'asar mai ya fallatsar wa Indo mai suya a hannu.
Ta yi wata ƙara da ta tsayar da masu kabu-kabu.
Na miƙe da ƙamus a hammata,
bakina ya motsa zai kira sunan abin,
sai na ajiye littafin kan benci
na ruga neman ruwan sanyi.